Haƙƙin Mai Nisa: Fina-finan Tamil a Rumfunan Turi na Kontagora

Duk wanda ya zaga garin Kontagora da la'asar sakaliya, tun daga bakin tasha har zuwa layin masu sayar da wayoyi a cikin kasuwa, muddin yana da kunnen saurare, ba zai rasa jin wata irin Hausa tana tashi daga cikin sifikoki ba, Hausa mai kaifi, cike da kirari da baƙar magana, wadda in ya matsa kusa ya leƙa gilashin kwamfutar da take fitowa daga ciki, sai ya tarar mai yin ta wani baƙin Ba'indiye ne mai kaurin gashin baki, ya naɗe zanensa iya gwiwa, yana yi wa wani azzalumin attajiri kashedi. Wannan shi ne abin da jama'a suka laƙaba wa suna Indiya-Hausa, wasu kuma su ce fassara kawai, kowa ya san abin da ake nufi. Da yawa daga masu kallon nan ba su san cewa jarumin da suke yi wa tafi, Vijay ne ko Suriya ko dattijo Rajinikanth, da harshen Tamil ya yi maganarsa ta asali ba, kuma ƙalilan ne suka taɓa tsayawa suka tambayi kansu ta wace hanya fim ɗin da aka narkar wa dukiya mai ɗimbin yawa a birnin Cennai ya iso cikin wayarsu a kan 'yan nairorin da ba su taka kara sun karya ba. Wannan hanya ce nake so mu bi sawunta, domin a ganina akwai haƙƙin bayin Allah kwance a kanta tun daga farkonta har ƙarshenta, kuma wani sashe na haƙƙin nan na 'yan'uwanmu ne na gida.

Ƙaunar da ke tsakanin Hausawa da fim ɗin Indiya tsohuwa ce, ta girmi 'yancin kan Nijeriya. Tun cikin shekarun 1950 Kwarori masu gidajen sinima suka fara jarraba shi a biranen Arewa, suka ga ya karɓu fiye da na Turawa, saboda mutanenmu sun hangi kansu a cikinsa: ga kunya, ga biyayyar iyaye, ga auren dole, ga talaka mai mutunci gaban mai kuɗi marar imani. Fim ɗin Mother India na 1957 ya yi shekara da shekaru ana maimaita shi a sinimomin Kano ba a gaji da shi ba, har ta kai an raɗa wa jarumai sunayen gida, Dharmendra ya zama Sarkin Ƙarfi, Sanjay Dutt kuwa Ɗan Daba Mai Lasin. Da zamanin kaset ya zo, kasuwar Ƙofar Wambai ta zama cibiya, inda ake kawo kwafi guda ta hanyar Dubai a hayayyafa shi, kamar yadda masanin nan Brian Larkin ya bayyana a littafinsa na 2008 a kan birnin Kano, daga nan kuma 'yan kasuwa su watsa shi ko'ina cikin ƙasar Hausa. Saboda haka wajibi ne a faɗi gaskiya ko da tana da ɗaci, cewa tun a wancan zamani ba ta ƙofar halal mafi yawan fim ɗin Indiya ya shiga gidajenmu ba.

Amma waɗancan fina-finai na Bombai ne, da harshen Hindi, kuma iyayenmu sun kalle su ne da ido da zuciya, ba tare da sun ji abin da ake faɗa ba. Abin da ya sauya al'amarin, cikin shekaru goma sha da suka wuce, abu biyu ne da suka zo tare: samari a Kano sun ƙware wajen cire muryar asali su ɗora Hausa a madadinta, har sunaye irin su Algaita da Sultan suka zama sanannu a bakin yara da manya, sa'an nan kuma hankalinsu ya karkata ga fina-finan kudancin Indiya, wato na Tamil da Telugu da Kannada, a daidai lokacin da na Bombai suka koma labarin 'ya'yan masu kuɗi mazauna Landan da Amurka, da sutura da ɗabi'un da Bahaushe ba ya iya kallo gaban surukinsa.

Ya kamata mai karatu ya san ko su wane ne mutanen nan. Tamil Nadu jiha ce a can ƙarshen kudancin Indiya, mai mutane kimanin miliyan 72 bisa ƙidayar 2011, da harshenta da rubutunta da adabinta na dubban shekaru; babban birninta Cennai, wanda a da ake kira Madras, kuma a wata unguwarsa mai suna Kodambakkam sana'ar fim ta yi saiwa, tun bayan fitowar Kalidas a 1931, fim na farko mai magana da harshensu. A wurinsu fim ya wuce abin ɗebe kewa, mumbari ne na siyasa da neman adalci, shi ya sa jarumi M. G. Ramachandran ya mulki jihar daga 1977 har rasuwarsa a 1987, jaruma Jayalalithaa ma ta mulke ta a bayansa sau da dama, Vijay kuma ya kafa jam'iyyarsa a 2024. Wanda ya lura da labarun da suke ginawa zai gane dalilin da ya sa suka sami gurbi a zukatanmu. A cikin Kaththi na 2014, manoman ƙauye ne ke fafutuka da wani babban kamfani mai son ƙwace gonakinsu saboda ruwan da ke ƙarƙashinsu. A cikin Mersal na 2017, likitan talakawa ne ke yaƙi da waɗanda suka mai da asibiti kasuwa. A cikin Jai Bhim na 2021, wanda aka gina a kan wata shari'a ta haƙiƙa, lauya ne ya tsaya wa matar wani talaka da ya ɓace a hannun 'yan sanda. To, manomin Mariga ko na Mashegu, wanda 'yan bindiga suka hana shi zuwa gona, ko ɗan gudun hijirar da ya baro ƙauyensu ya raɓe a gefen Kontagora, in ya ga an kama azzalumi an hukunta shi a bainar jama'a, kuma da Hausa ake yi masa tambayar ƙarshe, la shakka wani abu ne ke sanyaya a ransa wanda babu wata hukuma da ta sanyaya masa. Ba na ganin daidai ne a raina wannan buƙata, kuma ba na cikin masu cewa fassarar nan shirme ce. Akwai fasaha ta gaske wurin mutumin da zai auna motsin leɓen Batamile ya zuba masa Hausa daidai wa daida, ya sa masa karin magana a inda ya dace.

Yanzu sai mu tsaya a rumfar mai turi, domin nan ne ƙarshen igiyar. Rumfa ce ta katako da kwano, da teburi guda, a kai ga kwamfutar tafi-da-gidanka wadda aka ɗaure gefenta da salatif, ga 'yar ma'ajiyar fina-finai baƙa a liƙe da ita, ga wayoyin caji sun harɗe kamar saƙar gizo, kowace wayar da aka kawo an manna mata lamba a baya don kada a ruɗe. A waje kuma ƙaramin janareta yana ta kuka, domin wuta ba ta da tabbas, alhali kuwa jiharmu ce ke ɗauke da madatsun Kainji da Shiroro da Zungeru. Ɗan kabu-kabu zai tsaya bai ko kashe mashin ba, ya miƙo waya ya ce, “Maigida, akwai sabuwar fassara?” A ce masa, “Akwai ta ɗan sandan nan, jiya ta sauka.” Ya ce, “To a sa min, amma mai faɗa nake so, ban da mai yawan waƙa.” Can sai ga yarinya da memori a ƙunshe cikin takarda, an aiko ta daga cikin gida: “Yaya, wai in ji Antina a sa mata ci gaban na shekaranjiya.” Ranar kasuwa kuwa Fulani da Kambari da Dukawa na ƙauyuka su ne manyan masu ciniki, su cika katinsu da abin da zai kai su mako, tun da inda za su koma babu sabis balle data. Da dare ya yi, a majalisa, wanda ya biya zai tura wa abokansa goma ta manhajar Xender kyauta. Mai rumfar nan ba ɗan fashi ba ne a idon kowa, shi kansa bai ɗauki kansa haka ba; yaro ne da ya gama sakandare ko kwalejin ilimi, bai sami aiki ba, ya ƙi zaman banza, da wannan sana'a yake ciyar da mahaifiyarsa. Duk maganar da za a yi a kan satar fasaha wadda ba ta sa wannan yaro cikin lissafi ba, magana ce da ba za ta haifi ɗa mai ido ba.

In muka bi igiyar zuwa ɗaya bakin, sai ta kai mu wani gidan sinima a Indiya ranar da aka saki fim, inda wani zai sayi tikiti kamar kowa, ya zaɓi kujerar da ta fuskanci majigi sosai, ya ɓoye waya ya ɗauke fim ɗin daga farko har ƙarshe, kafin dare kuma ya hau intanet. Gungun da ya fi shahara da wannan aiki shi ne TamilRockers, wanda ya bayyana wajejen 2011, ya addabi masu shirya fim har ya zama yana yin shela tun kafin ranar cewa zai saki fim kaza. A watan Maris na 2018 'yan sandan jihar Kerala suka kama wasu da ake tuhuma da gudanar da shi, amma aikin bai tsaya ba. A watan Nuwamba na wannan shekara, gab da fitowar fim ɗin 2.0 na Rajinikanth, wanda yana cikin mafi tsada da aka taɓa yi a Indiya a lokacin, Babbar Kotun Madras ta umarci kamfanonin intanet 37 da su toshe shafuka fiye da 12,000. Duk da haka, a ranar da fim ɗin ya fito, a ranar aka same shi a intanet, domin da an toshe wannan adireshi sai su buɗe wani. A watan Oktoba na 2020 shafin nasu na asali ya ɓace, bayan ƙorafe-ƙorafen da kamfanin Amazon ya shigar, sai dai magadansa sun ci gaba da wasu sunaye, wasu kuma suka koma Telegram. Hukumomi ba su yi sakaci da doka ba: tun 2004 gwamnatin Tamil Nadu ta sa masu satar bidiyo cikin jerin waɗanda za a iya tsarewa har shekara guda ba tare da shari'a ba, a 2023 kuma majalisar Indiya ta yi wa dokar sinima gyara, ta tanadi ɗaurin wata 3 zuwa shekara 3, da tarar da ta fara daga rupi 300,000, tana iya kaiwa kashi 5 cikin 100 na kuɗin da aka kashe wa fim ɗin.

Masu shafukan nan ba don Allah suke yi ba, kuma ba don tausayin talaka ba. Ribarsu tana fitowa daga tallace-tallacen da suke jibgawa, waɗanda da yawansu na caca ne da alfasha. Asarar kuwa ba babban jarumi take fara faɗa wa ba, shi ya riga ya karɓi ladansa. Tana faɗawa kan mai ƙaramin gidan sinima, da dillalin da ya ci bashi ya sayi izinin nunawa a gundumarsa, da ƙaramin furodusan da in fim guda ya faɗi ya tashi daga sana'a, da kafintoci da masu riƙe fitila da masu ɗinkin kaya waɗanda sai an fita aiki suke samun na cefane.

Tsakanin wancan ɓarawon zaune da rumfarmu akwai matakai. Sau da yawa ana jira ne sai kwafi mai tsabta ya fito, ko wanda aka riga aka juya zuwa Hindi, sai ɗakin fassara ya sauke shi, a rubuta Hausar, a raba muryoyi, a matse fim ɗin ya ƙanƙance yadda ƙaramar waya za ta ɗauka, a aika wa wakilai a garuruwa, su kuma su sayar wa masu rumfuna. Sanannen abu ne cewa galibin wannan aiki ana yin sa ba tare da an nemi izinin masu fim ɗin ba, ba kuma tare da ko sisin kwabo ya koma gare su ba. Abin da ya kamata ya sa kowa ya yi tunani shi ne, su kansu masu fassarar kuka suke yi da ɓarayi: shi ya sa za ka ji suna ta nanata sunan kamfaninsu a tsakiyar fim, suna liƙa tambarinsu a kusurwa, domin sun san da zarar kwafi guda ya fita, wani zai ɗauke wahalarsu ya sayar bai biya su ba. Wanda ya ɗanɗani wannan zafi a jikinsa, ya fi kowa cancantar ya gane zafin da mutumin Cennai yake ji.

Wanda ya fi jin jiki a cikin lamarin duka, a ganina, shi ne mai shirya fim ɗin Hausa. Sana'ar da ta faro da Turmin Danya a 1990, ta bunƙasa da Sangaya da Wasila, ta samar wa dubban mutane abinci, a kan cinikin kaset da faifai ta tsaya. Da waya ta maye gurbin faifai, sai furodusa ya wayi gari yana gasa da abokin hamayya iri biyu: na farko nasa fim ɗin da ake turawa ba da saninsa ba, na biyu kuma fim ɗin da aka kashe wa biliyoyi a Indiya, ga jirage ga motoci ga faɗa na ban mamaki, yana magana da Hausa kamar nasa, ana sayar da shi a farashi ɗaya da nasa, tun da wanda ya kawo shi bai biya kuɗin shirya shi ba. Babu ɗan kasuwar da zai jure irin wannan gasa. Shagunan faifai na Ƙofar Wambai suka koma sayar da wasu kayan, manyan furodusoshi da dama suka jingine aiki, kuma duk wanda ke da ɗan'uwa a cikin sana'ar ya san gidajen da tukunya ta daina hawa murhu a kan kari saboda haka.

Tun da yake garin nan jikan Shehu Usmanu ne ya kafa shi, wato Umaru Nagwamatse ɗan Sarkin Musulmi Abubakar Atiku, kuma fiƙihun Malikiyya ake karantawa a zaurukansa, bai kamata a wuce wannan magana ba a tambayi hukuncinta a shari'a ba. Malamanmu, tare da jamhurun fuƙaha'u, sun tafi a kan cewa manfa'a dukiya ce, ana sayar da ita ana sayenta, a kan haka ne ma babin ijara ya ginu. Ba sai abu ya zama buhun gero da za a ɗauka a ka ba kafin ya zama mallakar wani. A watan Disamba na 1988, Majalisar Fiƙihu ta ƙasashen Musulmi ta zauna a Kuwaiti, ta yanke cewa haƙƙin wallafa da na ƙirƙira haƙƙoƙi ne da shari'a ta kiyaye wa masu su, bai halatta a yi musu ta'addi ba. Malamai da dama ba su ɗauke shi sata mai wajabta haddi ba, saboda sharuɗɗan haddi ba su cika a kansa ba, amma rashin haddi bai mai da shi halal ba. Cin dukiyar mutum ne ba da daɗin ransa ba, akwai lamuni a kai, kuma hukuma tana da ikon ta'aziri.

Na sha jin hanzari iri uku. Wani ya ce ai masu fim ɗin ba Musulmi ba ne; amsarsa ita ce dukiyar wanda ke da alkawarin zaman lafiya tsakaninsa da mu tana da alfarma, kuma Nijeriya ta shiga yarjejeniyar Berne ta kare haƙƙin mawallafa tun 1993, wadda Indiya ma tana ciki, cika alkawari kuwa wajibi ne. Wani ya ce ai sun fi ƙarfin abin da muke ci. To, yalwar mai dukiya ba ta taɓa halatta dukiyarsa ba. Na uku ya ce shi fim ɗin kansa abin ƙi ne, don haka ba shi da alfarma. Wanda ya tafi a kan wannan ra'ayi, abin da ya lazimce shi shi ne ya bar kallo da turawa gaba ɗaya, ba ya ci moriyar abin ya kuma hana mai shi haƙƙinsa ba. Nisan mai haƙƙi ma ƙara nauyin al'amarin yake yi, domin maƙwabcinka kana iya zuwa ka nemi afuwarsa, shi kuwa wancan ina za ka gan shi? Dokar ƙasa ita ma ba ta yi shiru ba: sabuwar dokar haƙƙin mallaka da Shugaba Muhammadu Buhari ya sa wa hannu a watan Maris na 2023 ta bai wa mai aiki shi kaɗai ikon ba da izinin juya aikinsa, ta kuma tanadi hanyar sauke abin da aka ɗora a intanet ba bisa ƙa'ida ba.

Sai dai fa adalci ya wajabta a juya a tambaya: ina ƙofar halal ɗin take, wadda za a ce wa mutumin Kontagora ya bi? A Indiya ta buɗe sosai. Tun da kamfanin Jio ya karya farashin data a 2016, manhajojin kallo suka yawaita, irin su Sun NXT da Hotstar da Amazon Prime Video da Netflix. A lokacin kullen korona na 2020 aka fara sakin manyan fina-finan Tamil kai tsaye a cikinsu, kamar Ponmagal Vandhal a watan Mayu da Soorarai Pottru a watan Nuwamba, Master na Vijay kuma, wanda ya shiga sinima a Janairun 2021, bai cika mako uku ba ya hau manhaja. A yau galibinsu kimanin wata guda suke yi a sinima kafin su iso wayar mai biyan kuɗin wata. Wannan bai kashe sata ba, amma ya ba mai son gaskiya hanya mai sauƙi. A nan kuwa, ko da yake Netflix ya shigo Nijeriya tun 2016, kuma yana ɗauke da fina-finan Tamil da dama, katanga huɗu ce tsakaninsa da ɗan kabu-kabun nan: sai da katin banki, sai da kuɗin wata, sai da data mai yawa, wadda aka amince a ƙara wa farashi da kashi 50 cikin 100 a farkon 2025, a ƙasar da mafi ƙarancin albashi yake naira 70,000, ta huɗu kuwa, wadda ta fi duka tsawo, ita ce harshe, domin abin da zai samu shi ne Tamil da rubutun Turanci a ƙasa. Wasu manhajojin na Indiya ma ba a buɗe su ga Nijeriya ba sam. Ba a taɓa kawo wa mutumin nan fim ɗin Vijay na halal da Hausa, a kan farashin da zai iya, ya ƙi saye ba.

Ga fim ɗin Hausa an sami 'yar mafita. Manhajoji irin su Northflix, wadda ta fara a 2019, da Kallo.ng sun yi ƙoƙari, amma abin da ya fi karɓuwa shi ne YouTube, inda shirye-shirye masu dogon zango kamar Izzar So na Lawan Ahmad da Labarina na Aminu Saira suka nuna cewa ana iya bai wa jama'a kallo ba tare da an karɓi kuɗinsu ba, mai aiki ya ci daga talla. Ko da yake nan ma, duk wanda ya karɓi shirin a rumfa maimakon ya kalla a tashar mai shi, ya rage masa wani abu. Tashar Arewa24, wadda ta fara aiki a 2014, ta nuna wani abin da ya fi kusa da maganarmu, yayin da ta kawo shirin Indiya na Sapne Suhane da muryoyin Hausa, mata suka yi ta bin sa a gidaje. A can Indiya kuma akwai kamfanin Goldmines, wanda sana'arsa ita ce sayen izinin juya fina-finan kudu zuwa Hindi, ya ɗora su a YouTube da talabijin, ya zama ɗaya daga manyan tashoshin ƙasar. Ashe ke nan izinin fassara haja ce da ake sayarwa a kasuwa, tana da dillalai tana da farashi. Kuma tun da mai fim ɗin Tamil a halin yanzu ba ya samun komai daga masu jin Hausa, waɗanda yawansu ya kai miliyoyi masu yawa daga Nijeriya zuwa Nijar da Gana da Kamaru da Sudan, hankali yana ba da cewa ba zai tsawwala ba in aka zo masa da tayi, musamman a kan fina-finan da suka riga suka gama cin kasuwarsu a gida.

Akwai darasi kuma a cikin abin da darakta Cheran ya jarraba a 2015, lokacin da ya ƙetare gidajen sinima ya kai sabon fim ɗinsa ƙofar gidajen mutane a faifai mai rahusa ta hannun wakilai, da nufin ya riga ɓarayi isa. Shirin bai yi nisa ba, domin zamanin faifai ya riga ya juya baya, kuma sai da ya ɗauki nauyin kafa wakilan daga tushe. Mu kuwa wakilan suna nan a kafe, a kowace tasha da kowace kasuwar ƙauye daga Tegina zuwa Rijau, sun san abokan cinikinsu da suna, sun san abin da kowa yake so. Kama su da ƙwace kwamfutocinsu, in ma an yi, ba zai ƙara komai ba face yawan marasa aiki a garin da ke fama da matsalar tsaro, washegari kuma wasu su buɗe a lungu. Abin da nake ganin ya fi dacewa shi ne manyan ɗakunan fassara na Kano su haɗa jari su sayi izinin ko da fim goma ne don gwaji, su sa musu tambarin da ke shaida cewa da yardar masu su aka juya su. Hukumar Kare Haƙƙin Mallaka ta Ƙasa da ƙungiyar masu shirya fina-finai ta MOPPAN da ofishin jakadancin Indiya da ke Abuja su shiga tsakani a ƙulla yarjejeniyar. Masu rumfuna kuma, ta hannun ƙungiyarsu a kowane gari, a yi musu rajista, su riƙa biyan wani abu sananne a kowane mako, wanda zai haɗa har da fina-finan Hausa da suke turawa, a raba wa masu haƙƙi. Za a sami masu zamba, kuma turawar da abokai ke yi wa juna a majalisa ba mai iya hana ta. Amma kuɗin da ke shiga rumfunan masarautar Kontagora kowace ranar kasuwa kuɗi ne na gaske, kuma tura kason mai fim daga Kontagora zuwa Kano a yau bai wuce aikin minti biyu a wurin mai POS da ke maƙwabtaka da rumfar ba.